Masu Bi Da Jinin Area Mama

A watan Agusta 2024 aka tsinci gawar Abuja Area Mama a gefen titin Katampe zuwa Mabushi, jiki duk raunuka. Shekarunta 33. Namiji aka haife ta, ta yi zaman mace, kuma a TikTok take bayyana irin wuyar da masu rayuwa irin tata suke sha. Tun kafin kisan ta faɗa cewa an kai mata hari.

Abin kunyar shi ne, cikin masu cewa "Allah ya ƙara" har da waɗanda muke cin Jibin Ubangiji tare.

Koyarwarmu a kan namiji da mace tana nan a Farawa sura 1, ba mu janye ba. Amma sura 9 ta hana zub da jinin mutum domin cikin siffar Allah aka yi shi, ba ta kuwa ware ɗan daudu ba. Ko dokar 2014 ɗauri ta ambata, ba ta miƙa wa kowa adda ba.

Mu da muka rage a arewacin kogin Kaduna, mun manta Fabrairu 2000 da Nuwamba 2002 ne? Ana tare mutum a hanya, sunansa kaɗai ya isa a kashe shi, Kirista ko Musulmi. Maƙwabtanmu suka kwashe kaya zuwa Sabon Tasha da Narayi. A bakinmu ne za a ji cewa jinin wani ya halatta?

Dattawa, kuna horon mazinaci da mashayi. Ku kira mai yi wa kisa tafi, ya zauna gaban majalisar ikilisiya shi ma.