FASFO: WAYE ƊAN ƘASA, WAYE BAƘO A FAGGE DA SABON GARI?

Duk wanda ya taɓa neman fasfo a ƙasar nan ya san cewa kafin a kai ga ɗaukar hoto da zanen yatsu, akwai takardun da sai ya tara: lambar NIN, takardar haihuwa ko ta rantsuwar shekaru, sai kuma takardar shaidar asalin ƙaramar hukuma. Wannan ta ƙarshen ita ce inda gizo ke saƙar, domin ita ce take mayar da mutumin da aka binne cibiyarsa a gari ya zama baƙo a garin.

A duba ƙaramar hukumar Fagge. Turawan mulkin mallaka ne suka yanka Sabon Gari wajen shekarar 1913, bayan isowar jirgin ƙasa Kano, suka zuba mutanen kudu a can don kada su cakuɗa da mutanen birni. Yau fiye da shekara ɗari ke nan. Akwai saurayin da a nan aka haifi ubansa, a nan aka haife shi, Hausa a bakinsa kamar jakin Kano, yana jefa ƙuri'a a mazaɓar Sabon Gari, yana biyan kuɗin rumfa a kasuwa. Amma ranar da ya tashi neman fasfo, galibi sai a ce ya tafi "garinsu" ya karɓo takarda. Wane garin? Ƙauyen kakansa, inda babu wanda ya san fuskarsa, shi ma bai san hanyar gidansu ba.

Ita kuwa Fagge, tun kafin zuwan Nasara zango ce ta ayarin fatake masu saukowa daga Agadas da Damagaram da raƙumansu. Jikokinsu na nan cike da unguwa. Sai ga shi wani don an ga hasken fatarsa ko an ji sunan kakansa, a ce masa ai kai ɗan Nijar ne. Alhali iyakar da ake taƙama da ita Ingila da Faransa ne suka shata ta a yarjejeniyoyin 1898 da 1904 da 1906, suka raba Katsina da Maraɗi, ba tare da sun shawarci ko mai unguwa ɗaya ba.

To, me ita dokar tasu ta ce? Sashe na 25 na tsarin mulkin 1999 ya fayyace cewa duk wanda aka haifa a Nijeriya bayan 1 ga Oktoba 1960, matuƙar ɗaya daga iyayensa ko ɗaya daga kakanninsa ɗan ƙasa ne, to shi ma ɗan ƙasa ne. A lura da kyau, ɗaya aka ce. Ma'ana yaron da uwarsa Bakanuwa ce, ubansa mutumin Tawa, ɗan Nijeriya ne cikakke, ba alfarma ake yi masa ba. Mutane da yawa ba su san wannan ba, shi ya sa suke ɓoye asalin ubanninsu, ko su sayi takardar jabu a hannun 'yan kamasho kan abin da tun farko haƙƙinsu ne. Baƙo na haƙiƙa kuwa, sashe na 27 ya ɗora masa zaman shekara 15, da kyawun hali, da shaidar gwamna cewa jama'ar wurin sun yarda da shi, sannan Shugaban Ƙasa ya amince. Matar da ta auri ɗan Nijeriya tana iya yin rajista a ƙarƙashin sashe na 26, amma mijin 'yar Nijeriya ba shi da wannan ƙofar, kuma a Maris 2022 Majalisar Tarayya ta yi watsi da ƙudurin gyara hakan.

Babu inda sashe na 25 ya ce sai shugaban ƙaramar hukuma ya buga hatimi kafin mutum ya zama ɗan ƙasa. Hasali ma sashe na 42 ya haramta nuna wa ɗan ƙasa bambanci saboda ƙabila ko garin asali. Kotun Ƙoli kuma, a shari'ar Olisa Agbakoba a 1999, ta tabbatar da cewa riƙe fasfo yana cikin 'yancin shiga da fita, ba kyauta ce ta gwamnati ba.

Kada wani ya ɗauka wannan magana ta 'yan Sabon Gari ce kawai. A Janairun 1980 gwamnatin Shagari ta kama Alhaji Shugaba Abdurrahman Darman, jagoran masu rinjaye a Majalisar Dokokin Jihar Borno, ta tsallakar da shi Chadi wai ba ɗan ƙasa ba ne. Sai da babbar kotu a Maiduguri ta ce ƙarya ne, ta dawo masa da haƙƙinsa. Idan aka yi wa ɗan majalisa haka, ina ga mai tura baro a Kantin Kwari? Sannan Bahaushen da aka haifa a Sabo ta Ibadan ko a Jos ta Arewa, da wannan mudun ake auna masa, kuma kowa ya san jinin da aka zubar a Jos a 2001 kan batun ɗan gari da baƙo. Ba zai yiwu mutum ya yi kukan abin da ake yi wa ɗan'uwansa a Filato ba, sannan ya kawar da kai ga maƙwabcinsa a titin Faransa Rod.

Ga kuma kuɗi. A Satumbar 2024 aka mayar da fasfo mai shafi 32 Naira 50,000, a Satumbar 2025 aka ninka shi zuwa Naira 100,000, alhali mafi ƙarancin albashin da aka sa wa hannu a 2024 Naira 70,000 ne. A kan wannan ne talaka zai ƙara kuɗin motar zuwa Anambara ko Oyo don takarda guda. Mai kuɗi ko gezau, waya ɗaya zai buga a kawo masa har gida.

Abin da ya kamata shi ne Hukumar Shige da Fice ta riƙa karɓar shaidar ƙaramar hukumar da aka haifi mutum kuma yake zaune a cikinta. Mai unguwar da ya halarci sunan yaro, ya san ubansa, ya san kakansa, ya fi cancanta ya shaide shi a kan wani sakatare mai nisan kilomita ɗari takwas da bai taɓa ganinsa ba. Kansilolin Fagge da na Sabon Gari su ne ya wajaba su fara kai wannan magana gaban majalisar jiha.