Babur Na Shan Sabis, Kwamfutar Mai Zanen Gini Fa?

Jama'a, a nan Tamale ko yaro ya san babur ɗin da ba a yi wa juyen mai ba, wata rana sai ya zubar da mai shi a hanyar Savelugu. To me ya sa masu zanen gine-ginenmu suke barin manhajar da suke cin abinci da ita shekara da shekaru ba gyara?

Kwanakin baya wani bawan Allah ya bugo mana waya a gidan rediyo yana kuka. Injiniya ya aiko masa da zanen gidansa daga Ankara, amma mai zanen da zai ƙarasa aikin a nan ya kasa buɗewa, aiki ya tsaya mako biyu, kuɗin siminti na ta hawa. Dalili kuwa shi ne kamfanin Autodesk, mai AutoCAD tun 1982, yakan sauya tsarin ajiye zane. Ya sauya a AutoCAD na 2010, da na 2013, da na 2018, kuma tsohuwar manhaja ba ta buɗe sabon tsari. Ta mutumin namu tsohuwa ce, ta sata ce kuma, wadda aka kwafo a kasuwa.

Wannan ma mai sauƙi ne. Gyare-gyaren da kamfani ke aikowa su ne ke toshe kurakurai da ƙofofin ɓarayi. A 2012 kamfanin ESET ya gano wata cutar kwamfuta da ta kwashe dubban zane-zanen AutoCAD, akasari a ƙasar Peru, ta tura su waje. Mai kwafin sata ba ya samun gyara, shi da aikin jama'a da ke hannunsa duk a fili suke.

Na san masu zane za su ce tsada. Gaskiyarsu. Tun 2016 Autodesk ya daina sayar da lasisin dindindin, sai haya, ga shi Sidi ba ta da ƙarfin Dala. Amma akwai mafita. Ɗalibai da malamai, irin na Jami'ar Fasaha ta Tamale, kamfanin na ba su lasisin karatu kyauta, sai dai ba a yin kasuwanci da shi. Mai ƙaramin ofis kuwa ga LibreCAD da FreeCAD, halal ne kuma kyauta, ana sabunta su. Wanda aikinsa ya yi ƙarfi ya biya haya, ya sa a cikin kuɗin aiki kamar yadda yake sa na takarda da tawada.

Mu ma masu ba da aiki da laifinmu. Muna zuba dukiya a bulo da rodi, amma in an zo kan zane sai mu nemi na araha. Banza dai ba ta kai zomo kasuwa. Kafin ka damƙa filinka ga mai zane, tambaye shi da wace manhaja yake aiki, kuma yaushe rabonsa da sabunta ta. Allah Ya sa mu gyara, amin.