Wasan Sata da Sharrin da Ke Cikinsa

Lalle ya kamata matasanmu masu sha'awar wasannin kwamfuta su yi nazari kafin su sauko da wasan da ɓarayin intanet suka fasa makullinsa suka baza kyauta, domin wanda ya yi wannan aiki bai yi shi don Allah ba. A shekarar 2021 kamfanin Avast ya tona asirin wata muguwar manhaja, Crackonosh, wadda aka ɓoye cikin kwafin sata na wasanni irin su Grand Theft Auto V, ta shiga kwamfutoci fiye da dubu 200, tana kashe garkuwarsu, tana bautar da su wajen haƙo kuɗin intanet na Monero, alhali masu su ba su sani ba. Kwaɗayi mabuɗin wahala.

Bayan wannan hasara akwai haƙƙin waɗanda suka shekara suna wahalar ƙirƙirar wasan, kuma cin haƙƙin wani zalunci ne ko da ba a san fuskarsa ba. Hanyar halal a buɗe take, tun da shagon wasanni na Steam kan yi rangwame lokaci-lokaci, na Epic Games kuwa kan ba da wasa kyauta kowane mako. Wanda bai da hali, ya yi haƙuri ya jira.