Jama'ar Karare, Kada Mu Yafe Kafin Likita Ya Rubuta

Ya ku jama'ar Karare da ɗaukacin ƙasar Batsari da Safana: iyayenmu dagatai da masu unguwanni, malamanmu, shugabannin direbobi da 'yan kabu-kabu.

Kowa ya san yadda abin yake faruwa. Mota ta buge mai babur a hanyar Katsina ko ta Dutsin-Ma, a kwashe shi jina-jina a kai gida, a kira maɗori. Kafin magariba dangin direba sun iso da ɗan kuɗin magani, a ce ƙaddara ce, Allah ya kiyaye gaba, a shafa fatiha a watse. Bayan watanni ƙafa ta ƙi takuwa, damina ta wuce ba shuka, awaki sun ƙare a magani, sannan a tashi neman haƙƙi. Alƙali ya nemi shaidar rauni, ko katin asibiti babu. Nan magana take mutuwa.

Yafiya halin kirki ce, amma mutum ya fara sanin abin da zai yafe. Buguwar kai da zubar jini a ciki kan ɓoye, mutum yana tafiya da ƙafarsa, sai daga baya ya faɗi. Ba mai gane wannan a bakin titi.

Addininmu ma bai yi wasa da rauni ba. A fiƙihun Malikiyya da ake karantawa a zaurukanmu, haƙori ɗaya diyyarsa raƙuma 5 ce, yatsa ɗaya raƙuma 10, kuma ba a yanke diyyar rauni sai ya warke an ga abin da ya bari. To, wa zai tabbatar wa alƙali cewa jijiya ta mutu ko ƙashi ya haɗu a karkace, in ba likita ba?

Haka dokar ƙasa. Tilas ne kowace mota ta riƙe inshorar da ke biyan wanda ta buge, kuma tun 1 ga Janairun 2023 hukumar kula da inshora ta NAICOM ta mayar da kuɗinta naira 15,000 ga motar gida. Wannan kuɗi dominka aka biya shi, kai da aka buge. Amma kamfanin inshora takarda yake dubawa, ba ya biyan labarin baka.

Tun ran gini ran zane! Ranar da tsautsayi ya auku, a wuce babban asibitin Batsari kafin ko'ina. In karayar ta fi ƙarfinsu, a karɓi takardar turawa zuwa Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke Katsina ko asibitin ƙashi na Amadi Rimi. Dokar lafiya ta 2014 ta hana asibiti ƙin karɓar mai neman agajin gaggawa. A ɗauki hoton ƙashi, a adana kati da kowane rasit, a nemi rahoton likita mai sa hannu da hatimi, wanda ya faɗi ranar haɗarin, irin raunin da nakasar da ta rage. A ɗauki hoton lambar mota da waya, a sanar da 'yan sanda, a kira jami'an kiyaye haɗurra a 122. Wanda ba shi da kuɗin lauya, Hukumar Agajin Shari'a ta Legal Aid tana tsaya wa talaka kyauta.

Iyayenmu masu unguwanni, kada ku zauna sulhu sai rahoton likita yana gabanku. Malamai, ku faɗa a huɗuba cewa neman diyya ba ƙin ƙaddara ba ne. Shugabannin tasha, ku binciki inshorar motocinku, domin ita ce za ta kare direba daga sayar da gidansa. Matasa, ku zama masu kai ɗauki da riƙe takardu. Mu yi wannan alkawari tun yau, kafin haɗari na gaba ya bar wani magidanci da nakasa, iyalansa da yunwa.