Jadawalin ATP: maki ne ko kuɗin jirgi?

A gidan kallo a Dingyaɗi, in musun ƙwallo ya lafa, wani kan jefo na tanis: Alcaraz ko Sinner, wa ke sama? Alƙalin shi ne jadawalin ATP, wanda aka fara ranar 23 ga Agustan 1973, Ilie Nastase na Romaniya na kan gaba.

Lissafin na mako 52 ne. Ka ci babbar gasa irin Wimbledon ka kwashi maki 2,000, baɗi war haka su zube, sai ka sake nemowa. A 2022 ma da ATP ta janye makin Wimbledon saboda hana 'yan Rasha da Belarus shiga, Djokovic ya ɗaga kofin amma ya gangaro na bakwai.

To mu fa? Nduka Odizor ya kai na 52 a 1984, amma ta Jami'ar Houston a Amurka ya bi. Yaron da ya lashe Dala Hard Court a Kano ko maki ɗaya na ATP ba ya samu, sai ya nemi biza da kuɗin jirgi ya bi gasannin ITF. Ni dai a ganina, aikin da ke gaban hukumar tanis ta Najeriya shi ne ta kawo gasa mai maki Arewa.