Kyamara Ba Ta Rawa Kaɗai Ba Ce

Yau na ajiye ci gaban littafi, magana ce ke cin raina, kuma da mu marubuta da 'yan fim nake.

Ranar zaɓen 2023 a nan Yalwawa, layin mata ya kusa kai bakin titi, da goyo da tsofaffi, rana na dukan kowa. Da aka gama ƙirga, Majalisar Dokokin Jigawa mai kujeru 30 babu mace ko ɗaya. An ba mu taliya da turmin atamfa, mun koma gida. Wa ya ɗauki wannan a kyamara? Masu kyamarar suna can wajen biki suna ɗaukar liƙi.

Da na yi ƙorafi, wani ɗan'uwa marubuci ya ce wai fim ɗin gaskiya kan mata da siyasa aikin Turawa ne, ba namu ba. Haba Malam! Atiyat al-Abnudi Balarabiyar Misira ce. Ta bi matan da suka tsaya takarar majalisa a zaɓen 1995 gari-gari, ta ɗauki maganarsu da wahalarsu, ta fitar da fim a 1996. In Misira ta yi maka nisa, ga Damagaram nan a bayan ɗakinmu. A'isha Maki ta tashi marainiya, uwarta ta rasu wajen haihuwa, ita kuma ta yi aure haihuwa ba ta zo ba. Sai ta juya kyamara kan kanta da 'yan'uwanta matan da ake kira juya, ta yi fim a 2016 har ya ci kyautar AMAA. Abin da ake faɗa a ƙuryar ɗaki da hawaye, ta kai shi gaban maza su ji. Baturiya ce?

Laifin har da ni. Littattafai nawa na cika da kishiya da boka da Alhaji mai mota, alhali Hajiya Gambo Sawaba ta NEPU ta sha ɗauri sau 16 tana neman wa matan Arewa ƙuri'a, wadda ba mu samu ba sai 1976. Ta rasu a 2001. Matan da suka fara tsayawa layi a wancan lokacin suna nan a gidajenmu, suna tafiya ɗaya bayan ɗaya da labarinsu a baki. Littafina wanda ya iya karatu ne zai buɗe, amma fuskar tsohuwa tana magana da bakinta ko Gwaggo da ba ta je boko ba za ta gane, kuma ɗan siyasa ba zai ce ƙirƙirarta na yi ba.

Ni dai na fara da wayata. Maƙwabciyata Iya ta yarda, da sharaɗin zan bari ta yafa mayafinta mai kyau tukuna. Asabar bayan la'asar za mu zauna, kuma tambayar farko ita ce: wa ya ce mata ga wanda za ta dangwala wa?