Daga Bakin Allo: Kwana Goma Da Suka Hana Sanu Wasan Shekara Guda

A wannan karo za mu yi dogon zango, mu ƙetare teku zuwa Amurka, mu ɗauko labarin wani ɗan wasa Musulmi, ɗan asalin ƙasar Saliyo, mai suna Mohamed Sanu. Mun sani wasan da ya yi suna a kansa bai iso Yagwa ba, domin mu a nan bakin kogin Logon ƙwallon ƙafa da kokawa muka sani. To amma abin da ya same shi yana ɗan sakandare, wato maganar shekarun haihuwa da takarda, abu ne da mu malamai muke fama da shi kowace shekara a azuzuwanmu, musamman a kan 'ya'yanmu na Hausawa.

Kafin mu shiga labarin, ya kamata mu ɗan bayyana wasan. Ƙwallon Amurka dogo ne kamar ƙwai, kuma da hannu aka fi buga shi. Kowane ɓangare yana da mutum 11 a fili, tsawon filin kuwa yadi 100 ne, yadin nan dai da masu atamfa suke awo da shi a kasuwa. Ana ba masu kai hari dama huɗu su ci yadi 10 gaba, in sun ci a sabunta musu damar, in sun kasa ƙwallo ya koma hannun abokan karawa. Wanda ya shiga da ƙwallo ƙarshen fili ya ci maki 6. A cikin masu kai hari akwai madugu, shi ne mai jifa, akwai kuma waɗanda suke tsayawa can gefen fili, da an fara su sheƙa da gudu, su zille wa masu tsaro, su cafe ƙwallon a sama. Wannan aiki na mai cafe ƙwallo shi ne aikin Sanu.

Abu na biyu da ya kamata mai karatu ya riƙe shi ne, a can ƙofar wannan wasa a cikin makaranta take. Ran Juma'a da dare 'yan sakandare ke wasa, ran Asabar 'yan jami'a, ran Lahadi kuma manyan ƙwararru na ƙungiyar NFL. Ƙwararrun ba sa ɗaukar yaro sai ya cika shekara uku da barin sakandare, kuma kusan kowa a jami'a yake yin waɗannan shekaru. Ita kuma hukumar wasannin jami'o'i, wato NCAA, ba ta yarda ɗalibi ya buga wa babbar jami'a ba sai ya ci darussa 16 na tilas a sakandare da makin da ta ƙayyade, bayan ya shiga ma sai ya ci gaba da cin jarrabawa. Ke nan yaron da ya yi watsi da aji ya yi watsi da ƙwallo tare da shi.

An haifi Mohamed Sanu ran 22 ga Agusta, 1989, a garin New Brunswick na jihar New Jersey. Ya yi wani ɓangare na ƙuruciyarsa a Saliyo, sa'an nan ya koma Amurka, inda ya shiga sakandaren South Brunswick. A can shi ne madugun ƙungiyar makarantar, yana jifa yana kuma gudu da ƙwallo da kansa. A shekarar 2007 ya kai makarantar zagayen fitar da gwani, abin da ta yi shekaru masu yawa ba ta samu ba. Kowa ya sa ido ga shekarar 2008, shekararsa ta ƙarshe, wadda a cikinta ne yaro yake nuna kansa ga jami'o'i da masu jarida.

To a nan gizo ya yi saƙa. Dokar wasannin sakandare ta jihar ta ce duk ɗalibin da ya cika shekara 19 kafin ran 1 ga Satumba ba zai buga wa makaranta ba. Sanu ya girmi yawancin 'yan ajinsu da shekara guda, kuma ya cika 19 ran 22 ga Agusta, 2008. Ku ƙirga da kanku, kwana goma ne kacal tsakani. Saboda waɗannan kwanaki goma, gwanin makaranta ya zama ɗan kallo shekara guda cur, yana gani abokansa na shiga fili. Doka ba ta dubi gwanintarsa ba, takardar haihuwarsa ta duba.

Abin da ya yi a waɗannan watanni shi ne ya sa muka ɗauko labarinsa. Da aka rufe masa fili, aji yana nan a buɗe, sai ya duƙufa ya kammala darussansa wata shida kafin 'yan ajinsu. A watan Janairun 2009 ya shiga Jami'ar Rutgers, wadda take a garin da aka haife shi. Tsohuwar jami'a ce, tun 1766 aka kafa ta, kuma ita ce ta kara da Princeton a 1869 a wasan farko da aka taɓa yi tsakanin jami'o'in Amurka. Shigar wuri da ya yi ta ba shi damar yin atisayen bazara da ƙungiya. Da ma a matsayin mai tsaron baya aka ɗauke shi, amma a wannan atisaye ne mai horarwa, Greg Schiano, ya mayar da shi gaba ya zama mai cafe ƙwallo. Da ya tsaya jiran bikin yaye ɗalibai na watan Yuni, da wannan atisaye ya wuce shi.

A shekararsa ta farko, 2009, ya cafe ƙwallo sau 51, yadi 639. Saboda ya saba da aikin madugu, wani lokaci sai a miƙa masa ƙwallon kai tsaye ya ruga da shi, har ya shiga ƙarshen fili sau biyar ta wannan hanya. A wasan rufe shekara da aka yi a St. Petersburg ta jihar Florida, shi aka zaɓa gwarzon wasa. Shekara ta biyu ba ta zo masa da daɗi ba, rauni ya dame shi, ya tsaya a kan 44. A shekara ta uku kuwa, 2011, ya cafe sau 115, yadi 1,206, wato fiye da kilomita guda in an haɗa. A wasa ɗaya da Jami'ar Ohio ya cafe sau 16. Da wannan ya karya tarihin rukunin jami'o'in da ake kira Big East a wancan zamani, wanda Larry Fitzgerald ya kafa da 92. Jimillar abin da ya cafe a shekara uku ya kama 210.

A watan Afrilun 2012, daren farko na zaɓen sababbin 'yan wasa, wani mai neman raha ya buga masa waya ya ce ƙungiyar Cincinnati Bengals ta ɗauke shi a zagayen farko. Gida ya ɗauki murna kafin a gane ƙarya ce. Ikon Allah, washegari ita Bengals ɗin ce ta ɗauke shi da gaske, a zagaye na uku, mutum na 83. Ya koma Atlanta Falcons a 2016, ya buga wasan ƙarshe na ƙasa, wato Super Bowl, a watan Fabrairun 2017, inda New England Patriots ta doke su 34 da 28. Ya yi kaka goma yana wasan ƙwararru, daga 2012 zuwa 2021.

Kada wani yaro ya karanta wannan ya ce ai shi ma gobe sai Amurka. Ƙungiyoyin NFL 32 ne, kuma waɗanda suke zaɓa a shekara ba su kai 300 ba. Lissafin ita kanta NCAA ya nuna cikin kowane ɗari na masu buga wa jami'a, waɗanda ake zaɓa ba su kai biyu ba. Sauran fa? Abin da suka karanta shi ne guzurinsu. Ɗan ƙasarmu ma ya bi wannan hanya: Roman Oben, haifaffen Kamaru a 1972, wanda ya yi Jami'ar Louisville, New York Giants ta ɗauke shi a 1996, ya ci kofin Super Bowl da Tampa Bay a Janairun 2003. Yana cikin wasan ƙwararru ya koma aji ya yi digiri na biyu, daga baya ya riƙe babban muƙami a ofishin NFL.

Yanzu mu dawo gida. Mu malaman Mayo-Danay mun san wata damuwa da take tasowa duk lokacin da aka fara rubuta sunayen masu jarrabawar CEP a ajin ƙarshe na firamare. Yaro ya yi shekara shida yana zuwa makaranta, yana cikin na gaba-gaba a aji, a ce kawo takardar haihuwa, sai a tarar babu. Uba yana Bongor ko Marwa wajen fatauci, uwa ba ta san ƙofar ofishin magajin gari ba. Lokacin yin rajista cikin sauƙi ya wuce tun yaron yana goye, yanzu sai an bi ta kotu, da kuɗi da shaidu da zirga-zirga. Kafin a gama an rufe rajistar jarrabawa, shekara ta tafi. Yaron da ya maimaita aji ba don ya faɗi ba, da wuya zuciyarsa ta sake kwantawa a makaranta, in mace ce kuwa sau da yawa daga nan sai maganar aure. Hausawa sun yi gaskiya da suka ce ba a fafe gora ranar tafiya.

Damuwa ta biyu ita ce makara wajen sa yaro. Shekara shida ce ta shiga aji ɗaya, amma a unguwanninmu akan bar yaro sai ya kai tara ko goma, a ce sai ya yi nisa a allo ko ya ɗan taya tsaron shago. Babu mai jayayya da karatun allo, shi ne tushenmu. Sai dai akwai asuba, akwai yamma, akwai Laraba da rana da ake tashi da wuri, akwai Asabar da Lahadi da dogon hutu, kuma gidaje da yawa sun haɗa biyun sun ga amfaninsa. Wanda ya shiga a makare zai yi ta cin karo da katangar shekaru irin wadda Sanu ya ci karo da ita: a jarrabawar shiga sakandaren gwamnati, a wasannin makarantu na FENASSCO inda ake kasa yara bisa shekarunsu, da kuma ranar neman shiga soja, jandarma, 'yan sanda ko makarantar horar da malamai, domin kowace tana da iyakar shekarunta.

Mun san abin da wani zai ce a ransa: da a nan ne, ai da an gyara wa Sanu takarda an rage masa wata guda, shi ke nan. Wannan dabara ta rage shekaru ta daɗe tana yi mana illa. A ƙarshen shekarar 2022 hukumar ƙwallon ƙafa ta ƙasa, ƙarƙashin Samuel Eto'o, ta sa aka yi wa 'yan wasan ƙasa da shekara 17 gwajin ƙashi da na'ura, aka sallami 21 daga cikin 30. Labarin ya zaga duniya. Yaron da aka yi wa takarda biyu yana ɗauke da ƙarya a aljihunsa har tsufa, ranar da sunan da ke kan takardar shaidar jarrabawa ya saɓa da na katin ɗan ƙasa, shi zai tsaya gaban hukuma, wanda ya ba shi shawarar yana gida. Ballantana mu da muke zaune a bakin iyaka, muna 'yan tsiraru a tsakanin 'yan'uwanmu Masa da Tupuri da Musgum da Fulani, da an ji Bahaushe sai wani ya tambaya ko daga Najeriya ya zo. Takardar haihuwa ta gaskiya, wadda aka yi a kan kari, ita ce amsar da ɗanka zai bayar ba tare da dogon bayani ba.

Akwai kuma iyayen da suke cewa taura biyu ba ta taunuwa, ko boko ko ƙwallo. Wasu su hana yaro wasa sam, wasu kuma su cire shi daga aji su miƙa shi ga wani mai alkawarin kai shi Turai. Muna alfahari da Vincent Aboubakar, wanda ya tashi daga Coton Sport ta Garwa ya tafi Faransa a 2010, ya ci wa Kamaru ƙwallon da ya ba ta kofin Afirka a 2017. Amma a tuna da ɗimbin yaran da suka buga a filaye ɗaya da shi, waɗanda ba mu san sunan ko ɗaya ba. Rauni ɗaya a gwiwa ya isa ya rufe fili. Shi Sanu da aka rufe masa fili yana da aji, ajin ne kuma ya mayar da shi fili.

Saboda haka muna kira ga iyaye maza, ranar suna in an yanka rago an raba goro, a sa rajistar haihuwa cikin hidimar wannan mako. Wanda ɗansa yake aji uku ko huɗu ba shi da takarda, ya fara bin sawu tun yanzu, kada ya jira aji shida. Waɗanda suke da ita su adana ta a leda a wuri mai tudu, domin ambaliyar 2024 ta nuna wa mutanen Yagwa abin da ruwa yake yi wa kayan ɗaki. Muna roƙon limamanmu da sarkin Hausawa da shugabannin 'yan kasuwa da mahauta su riƙa tunatarwa a masallatai da wuraren taro. Mu malamai kuma aikinmu ne mu duba takardun yara tun ranar da suka shigo, kuma duk yaron da yake son ya sa rigar ƙungiyar makaranta, mu fara duba littafin makinsa.

Ku kuma 'yan makaranta, ku buga ƙwallonku da yamma, babu laifi, amma ƙararrawar safe ta same ku a aji.

Allah ya shirya mana zuriya, ya ba su ilmi mai amfani, amin. Sai wata mai zuwa in Allah ya kai mu.